Direba Yana Hanya

'Yan uwa, yau babu doguwar gaisuwa. Na rubuta farkon nan na goge har yatsana ya gaji, don duk ta inda na juya labarin ni ce a tsakiyarsa, kuma ba ni da kyan gani. Masu zagina a ƙasan rubutu ku gyara zama, yau da hannuna na kawo muku abin zagin. Ku kuma masu cewa Auta yarinyar kirki ce, ku yi haƙuri, na ba ku kunya.

Ga wadda yau ta fara leƙo mu: ni ce autar gidanmu, kowa Auta yake ce min, har mai gidan da nake wa aiki. A situdiyon ɗaukar hoto nake, ni ce ta teburin gaba, mai karɓar baƙi da gyara wa mutane wuyan riga kafin a haska su. A can na haɗu da wanda 'yan gidanmu suka laƙaba wa Darakta. Gajerun finafinai yake yi, irin waɗanda kafin ka gama shan shayi sun ƙare. Dogo ne mai sanyin murya, ban taɓa jin ya ɗaga harshe ba ko da mai babur ya fallatsa masa ruwan kwata. Ina son sa. Gara in faɗa tun yanzu, kar a jima wata ta ce asiri aka yi min.

Mama ta matsu. Kullum waƙarta ɗaya ce: "Sa'o'inki suna goyon 'ya'ya, ke kina goyon jakar kyamara." Baba kuwa, malamin makaranta ne da ya yi ritaya, bai ce e ba, bai ce a'a ba. Abin da ya ce kawai shi ne, "Ya samo aikin da ake tashi da safe a tafi, sai mu zauna." Shi ya sa da wata ƙungiyar likitoci ta sa gasar gajerun finafinai a kan mantuwar tsufa, aka ce wanda ya zo na ɗaya za su ɗauke shi aiki, ni da Darakta muka ga kamar don mu aka shirya ta. Mai mantuwar tana gidanmu, a ɗakin ƙarshe na baranda.

Kaka ke nan, mahaifiyar Baba. A da tela ce, mai faɗa, mai tsabta, wadda in ta kalli ɗinkin rigarki sai kin ji kunyar fita da ita. Yanzu kekenta yana lulluɓe da tsohon zani a kusurwa, ita kuma tana bakin gadon ƙarfe da kwandon tawul a gabanta. Kullum da safe Gwaggo, ƙanwar Baba da ke kula da ita, za ta warware tawul ɗin nan ta zube mata, ita kuma ta wuni tana ninkewa, baki da baki, babu ko karkata. Ba ta san sunan kowa ba. Baba, ɗan da ta haifa, "bawan Allah" take ce masa. Gwaggo mai wanke ta da ba ta abinci a baki, ita ce "mai aikin nan." Ni kaɗai na samu muƙami: "ƙawata." In na dawo daga aiki ni ke shafa mata mai a ƙafa, in taje mata furfura, tana ba ni labarin mutanen da suka mutu kafin a haife ni kamar jiya suka rabu. Ina taƙama da muƙamin nan, har gori nake yi wa Gwaggo da shi.

Mutum ɗaya ne bai fita daga kanta ba: mijinta, kakanmu, direban doguwar mota, wanda ya rasu tun ina firamare. Rana na yin sanyi za ta fara: "Direba bai iso ba?" Amsa ɗaya ce a gidanmu, har aku da muna da shi da ya haddace: "Yana hanya, Kaka." Sai ta ce to a ɗora masa ruwan wanka, ta koma ninkinta. Farkon ciwon gaskiya ake gaya mata, kuma duk ranar da aka gaya mata sabuwar mutuwa ce a wajenta: kuka, ƙin abinci, kwanciya. Likita ya ce a daina. Baba ya tara mu a falo, manya da yara, ya ce duk wanda ya ƙara gaya wa Inna wannan magana, ba shi ba shi. Baba ba ya maimaita magana, kuma ba ya janye ta.

Da ƙyar ya yarda a ɗauke ta a fim. Sai da ya kafa sharaɗi: ba a ɗaukarta tana barci ko tana cin abinci, Gwaggo tana cikin ɗakin, kuma shi zai fara gani kafin idon wani baƙo. Darakta ya durƙusa ya ce ya amince.

Kwanakin farko lafiya lau. Ya ɗauki hannayenta suna ninki, ya ɗauki hasken taga a kan keken ɗinkin, ya ɗauke ta tana yi masa faɗa a kan maɓallin rigarsa da ke lilo. Amma duk yamma in na raka shi bakin ƙofa sai in ga fuskarsa ba walwala.

"Yana da kyau," in ji shi, "amma babu abin da ya faru. Alƙalan nan finafinai da yawa za su kalla. Tsohuwa da tawul ba za ta tsaya musu a rai ba."

Ranar Talata mai ɗaukar masa sauti bai zo ba, haƙori ya kumbura masa fuska. Darakta ya rataya min 'yar rikodar ɗaukar sauti a wuya, girmanta bai wuce sabulun wanki ba, ya sa min abin ji a kunne, ya miƙo min doguwar sandar makirufo.

"Yau ke ce, ranki ya daɗe. Ki kula, makirufon jikin kyamarar ya daɗe da mutuwa, duk abin da ba ki kama ba ya tafi. In kika danna nan, jar fitila za ta riƙa ƙiftawa, jira take yi. Sai kin ƙara dannawa ta tsaya cak, sannan take ɗauka."

"Na gane," na ce, ina gyara ɗankwalina a gilashin taga, don abin jin ya danne min ɗauri.

Baba ya fita, Mama tana kasuwa. Gwaggo ta leƙo da jaka a hammata. "Zan je asibiti karɓo maganinta, kun san layin nan. Ai ba sai na zauna ba, tunda ƙawar tana nan." Ta tafi tana dariya. Ku riƙe wannan: amana ta ba ni.

Aka kashe fanka saboda ƙararta. Ɗakin ya ɗau zafi, zufa tana bin bayana cikin riga, hannayena sama da kaina har suka fara tsami. Ranar kuma Kaka ta tashi da rigima. Ta tambayi Direba, na ce yana hanya. Ta ƙara, na ƙara. Can sai ta ture kwandon, ta jawo mayafinta ta yafa, ta zura takalma a karkace.

"Tasha za ni. Ya daɗe, ba lafiya ba."

Ta taɓa ɓace mana, a bakin babban titi aka tsinto ta, don haka na yi wuf na tare ƙofa da sandar a hannuna.

"Kaka, zauna, yana hanya."

"Matsa min."

"Kaka, don Allah..."

"Ke 'yar gidan wa ce da za ki shiga tsakanina da mijina? Matsa!"

Ban san tana da ƙarfin nan ba. Ta banke ni, gwiwar hannunta ta same ni a leɓe, na ji gishirin jini. Zafi, gajiya da haushi suka haɗu, kafin in kama bakina magana ta riga ta fita.

"Wane miji, Kaka? Ya rasu fa! Ya rasu tuntuni!"

Ta tsaya. Ta ja da baya a hankali har ƙafarta ta taɓa gado, ta zauna.

"Direba?"

Na goge jinin leɓena da bayan hannu.

"A hanya ne?" Ta kalli ƙofa, ta kalle ni. "Me ya sa ba a tashe ni ba? Ina nan fa. Ina nan zaune ina jira." Sannan a hankali ta ce, "Ko abinci bai ci ba ya fita."

Sai kukan ya zo, ba mai ƙara ba, daga can cikin ƙirji. A cikin abin jin nan komai kusa yake, har haɗiyar yawunta ina ji a tsakiyar kaina. Na waiga wajen Darakta don ya taimake ni. Idonsa yana manne da kyamara, ya ɗaga min yatsa ɗaya alamar kar in motsa.

Ban san tsawon lokacin da muka ɗauka ba. Kukan ya ragu, idonta ya sauka kan tawul ɗin da suka zube. Ta sunkuya ta ɗauki ɗaya, ta fara haɗa bakinsa. Ta shafa kumatunta, ta duba tafin hannunta.

"Ƙawata, wa ya zuba min ruwa a fuska?"

Muka fito baranda. Ina ta cewa na shiga uku, Baba zai kashe ni. Darakta bai ji ni ba. Ya jawo rikodar daga wuyana, ya duba, ya ƙara dubawa.

"Auta, sau nawa kika danna?"

Jar fitilar tana ta ƙifta min ido. Tun farko jira take yi. Ni kuwa da na ji sauti raɗau a kunnena, na ɗauka aiki yana tafiya.

Da zagina ya yi, da na samu abin riƙewa. Zama ya yi a kan dakalin baranda ya dafe kai.

"Shi ke nan. Ba laifinki ba ne, ni na ɗora miki abin da ba aikinki ba." Ya ja numfashi. "Amma wannan shi ne fim ɗin, Auta. Sauran duk tawul ne."

"To ai ya wuce."

"Leƙa ki gan ta."

Na leƙa. Tana ninki, har da 'yar waƙa a hanci.

"Ta manta," in ji shi. "Wallahi ta manta. Abin da ya faru ɗazu, a wajenta bai faru ba. Ke kaɗai kike ɗauke da shi."

"Me kake nufi?"

"Gidaje nawa ne ke gaya wa tsofaffinsu gaskiya kullum, don ba su san illar ba? In suka ga wannan za su daina. Kukan Kaka ɗaya zai hana na tsofaffi da yawa." Ya rage murya. "Kuma na gaji da tsayuwa a ƙofar gidanku kamar mai karanta mitar wuta. So nake in shigo a ce suruki ya zo."

Na san yanzu wasunku sun fara rubuta "mugu, azzalumi." Ku dakata. Bai riƙe min wuya ba. Ni na san dokar, ni na san dalilinta, ni ce na taɓa kwana ina goge wa Kaka hawaye lokacin da ake gaya mata gaskiya. Amma a barandar nan ba Kaka na tuna ba. Waƙar Mama na tuna, da ƙawayena da suka daina saka ni a zancen gidan miji, da yadda zan ji in Baba ya miƙa wa Darakta hannu. Kuma ina jin kunyar ni na ɓata masa aiki, ina so in biya.

Muka koma ɗakin. Na danna, na ƙara dannawa, fitilar ta tsaya cak. Muka tsaya muna jiran ta tambaya, kamar masu jiran mota. Ba ta daɗe ba.

"Direba bai iso ba?"

Wannan karon babu haushi, babu jini a leɓe, babu abin da zan fake da shi. Da muryata ta karɓar baƙi na ce, "Kaka, Direba ya rasu."

Ta daɗe tana kallona. Sai ta miƙo hannu ta kama wuyan hannuna, ta jawo ni kusa.

"Ke suka aiko, ƙawata? Duk manyan gidan suka rasa mai zuwa sai ke?" Ta ɗauki tawul ɗin da ta ninke ta goge min fuska. "Sannu. Sun ɗora miki kaya." Sai da ta gama lallashina, sannan ta fara nata kukan.

Da ta lafa, ta manta, ta koma ninki, Darakta ya matso da kyamara ya ce, "Saura na kusa, fuskarta kawai. Daga nan mun gama."

Ba zan ba ku labarin wannan ba. Abin da zan ce kawai, bai sha wahalar lallashina ba.

Gwaggo ta dawo ta tarar fanka tana juyawa, kaya a tattare, Kaka kwance ta juya wa bango fuska.

"Lafiya?"

"Ta gaji ne," na ce. "Zafi."

Yammar nan Kaka ba ta tambayi Direba ba. Gwaggo har tafa hannu ta yi: "Ikon Allah! Yau an ba mutumin hutu." Abinci kuma ko cokali ba ta karɓa ba. Washegari na dawo daga aiki, na ɗauko kwalbar mai kamar kullum, na zauna a ƙasa gabanta. Ina miƙa hannu ta janye ƙafafunta ta cusa cikin zani.

"Kaka, ƙawarki ce fa."

Ta juya wa bango fuska. Washegarin ranar ma haka. In ta ji takuna a baranda sai waƙar hancin ta tsaya.

"Me kika yi wa ƙawar taki?" in ji Gwaggo tana tsokanata. "Ku da ba a jin kanku."

Na ce wataƙila sabon turarena ne ba ta so. Baiwar Allah Gwaggo ta yarda, har ta sa na canja riga na wanke wuya na sake gwadawa. Kaka ta ƙara matsawa jikin bango. Darakta ya ce ta manta, kuma gaskiya ne, maganar ta tafi. Amma wani abu bai bi ta ba, ya zauna.

Ranar Alhamis ina teburin aiki waya ta yi ƙara, saƙon Darakta ne.

Shi: Ranki ya daɗe, na gama haɗawa. Ni da na ɗauka ma sai da na yi hawaye. Ga shi nan na turo miki.

Ni: Ka cire wajen.

Shi: Wane waje?

Ni: Kar ka raina min hankali.

Shi: In na cire me ya rage? Tawul?

Ni: Ba ta barin in taɓa ta.

Na ga alamar yana rubutu, ya tsaya, ya sake farawa.

Shi: Za ta huce. Kin san ciwon, yau haka gobe haka.

Ni: Asabar Baba zai gani.

Shi: Bar min wannan. Ke dai ki sa rigar nan mai ruwan toka, Yayata za ta zo ganinki.

Ban buɗe fim ɗin ba. Ya zauna a wayata, duk na zo neman wani abu sai in tsallake shi da sauri kamar mai tsallake kwata.

Asabar tun safe Mama ta hana kowa sakat. Aka sauke labule aka ɗaura na baƙi, aka fito da kofunan nan masu bakin zinariya da ko kallonsu ba a barinmu mu yi, aka jera kek da lemo a teburin gilashi. Na sa doguwar rigar mai ruwan toka da duwatsu a wuya, Mama da kanta ta yafa min mayafi, ta ja baya ta kalle ni.

"Ki saki fuska mana. Kamar wadda za a kai wa likitan haƙori."

Suka iso da la'asar. Darakta cikin farar riga da ta sha guga, maɓallai duk a ɗinke. Yayarsa mace ce mai jiki, da gilashin ido da babbar jaka, irin masu murmushi suna ƙirga kujerun falo. Aka gaisa, aka sha lemo. Yana haɗa kwamfutarsa da talabijin, wayata ta motsa a cinyata.

Shi: Kwantar da hankalinki. Biyu na haɗa. Na Baba babu wajen. Murmushi kawai.

Tunda na ce zan faɗi gaskiya, bari in faɗa duka: daɗi na ji. Wani sanyi ya sauko min har ƙafa. Na yi murmushin.

Fim ɗin ya fara. Wallahi ya iya aiki. Hannayen Kaka, hasken taga, keken ɗinki, faɗan maɓalli da ya sa kowa dariya. A ƙarshe ta ɗago ta tambayi Direba, aka ji muryata daga gefe tana ba ta amsar gidanmu, ta ce a ɗora ruwa, hoto ya dushe. Baba ya cire gilashinsa ya daɗe yana gogewa da bakin riga.

"Ashe aiki ne," ya ce. Ya juya wajen Darakta. "Samari, ka mutunta min uwa. Na gode."

Mama ta mintsine ni a cinya don murna. Yayarsa ta ce ai ƙanenta tun yana yaro haka yake da tausayin tsofaffi.

"A fito da Inna ta ga kanta," in ji Baba.

Gwaggo ta tafi, ta dawo riƙe da hannunta, an sa mata riga mai tsabta. Kaka ta gaida baƙuwa da ladabi, ta tambaye ta mutanen gida kamar ta san su. Aka nuna mata hotonta da ke tsaye a talabijin.

"Wace tsohuwa ce wannan? Ɗaurin ɗankwalinta bai yi ba."

Falo ya ɗau dariya. Mama, da ke son baƙuwa ta ga tarbiyya, ta ce, "Auta, kai wa ƙawarki shayi."

Na ɗauki kofin a kan faranti. Na durƙusa a gabanta. Ta sauke ido ta gan ni. Dariyar ta bar fuskarta, ta laluba ta damƙi hannun rigar Baba.

"Bawan Allah, don girman Allah ka hana yarinyar nan shigo min ɗaki."

"Inna, Auta ce fa. Ƙawarki."

"Ba ƙawata ba ce." Ta ƙara damƙe rigarsa. "Duk ta buɗe baki sai an yi min mutuwa. Ban san wa ya mutu ba, amma ita ce ke zuwa faɗa. Ka hana ta."

Mama ce ta fara farfaɗowa, ta yi wata 'yar dariya ta juya wajen baƙuwa.

"Ciwon ke nan, kin gani. Jiya ma cewa ta yi na sace mata almakashi."

"Allah sarki," in ji Yayarsa. "Tsufa ke nan."

Baba ya shafa hannun Kaka yana cewa ba komai, Inna, ba komai. Na ɗago na kalli Darakta. Ya girgiza min kai kaɗan, yadda ni kaɗai zan gani.

Ƙofa a buɗe take, 'yan uwa. Shiru kawai zan yi, in ajiye kofi in koma kujerata, shi ke nan na zama amarya. Kuma abin da ya fi komai ƙona ni ke nan. Tsohuwar nan da ba ta san sunan ɗanta ba ta tattara ɗan abin da ya rage mata ta kai ƙara, ta faɗi gaskiya tsantsa a gaban mutane, aka ce ciwo ne. Duk duniya shaidunta biyu ne, ɗaya yana girgiza min kai.

Na ajiye kofin a ƙasa.

"Gwaggo," na ce, "ki mayar da Kaka ɗaki. Ki rufe ƙofa, ki kunna mata fanka."

Gwaggo ta kalle ni. Na ga lokacin da ta tuna ranar asibiti, na ga lokacin da ta tuna turare. Ta ɗaga Kaka a hankali, ta zagaya da ita ta bayan kujera don kar su bi ta kusa da ni.

Da na ji ƙofar ta rufu, na buɗe wayata, na rarrafa na miƙa wa Baba da hannu biyu.

"Baba, ba wancan ne za a kai gasar ba. Wannan ne."

"Auta..." in ji Darakta.

Baba ya ɗaga masa hannu ba tare da ya kalle shi ba. Ya mayar da gilashinsa, ya danna.

Tawul ya wuce, taga ta wuce. Sai muryata ta cika falon, tas, babu ko ƙura a cikinta. Mama ta dafe ƙirji. Yayarsa ta jawo jakarta ta rungume. Ni kuwa idona yana kan kafet, ina roƙon ƙasa ta tsage.

Na jira tsawa, ba ta zo ba. Baba ya sa yatsa ya mayar da fim ɗin baya, ya sake kallon wajen. Ya ƙara mayarwa. Ni ban taɓa kallo ba, ban san me yake nema ba.

"A nan," ya ce a hankali, "Inna tana da mayafi, da takalmi a ƙafarta. A nan babu mayafi, tawul ne a hannunta." Ya matsa gaba kaɗan. "A nan kuma rana ta bar bango."

Ya ajiye wayar a kan teburin gilashi, a tsakanin kek da kofuna. Ya cire gilashinsa. Bai kalli Darakta ba, ko sau ɗaya. Ni ya kalla.

"Auta. Sau nawa kika gaya mata?"

Na buɗe baki. Muryar da ba ta yi min gardama ba ranar Talata, yau ta ƙi fita. Sai yatsu na ɗaga masa.

Baba ya kalli yatsun nan uku, ya dafa gwiwa ya miƙe tsaye.